Likkafanin Mai Ƙara

…kuma babu mai taɓa ni, Goggo. Haka yarinyar ta ce. Ba a filin jirgin Kano ba, ba a hanya ba, ba a ƙofar gidan Inna ba. Barista Safiya — kin san ta mana, jikar mai ƙosan bakin masallacinmu na Gumel, wadda kike cewa bakinta ya girme ta — to ita ce lauya yanzu, har da baƙar riga. Ta shiga gaban alƙali a Dutse ta fito mini da oda. Kada ɗan sanda ya kama Mastura, kada ya tsare ta, kada ya gayyace ta ofis da sunan tambaya, har ranar da kotu za ta zauna ta ji bakin kowa. Ni da na san beli sai an kama mutum tukuna… an kwana da shi a bayan kanta, sauro ya yi walima, 'yan'uwa sun zo da kwanon tuwo suna ba da haƙuri. Ashe akwai kariyar da ake yi wa mutum tun yana zaune a ɗakinsa a unguwar Bani Malik ta Jidda, sanyin mukayyif, na'urar sanyaya ɗaki, na hura shi, yana ninke abaya. Duniya ta ci gaba, Goggo Mairo, kin yi saurin tafiya.

Gobe war haka ina gaban Inna.

Bari in sake faɗa, daɗi yake mini a baki. Gobe war haka… ina gaban uwata. An ce idanun sun tafi, sai da hannu take gane mutum. To ta shafa. Ta shafa kumatun nan da shinkafar Jidda ta cika, ta ce Mastura kin yi ƙiba, in ce Inna ai maiƙon girkin mutane ne. Damina nawa rabona da garin? Ban ƙirga ba, ƙirgawar ba ta rage komai. Duk shekara in karɓi hutu wajen kafilata, uwar ɗakina ta unguwar Ruwais, in yi sayayya a kasuwar Balad, in ɗaure kaya, sai a bugo daga gida: kada ki zo, 'yan sanda sun sake leƙowa. In kwance kayan in rarraba wa maƙwabta. Matan layin nan sun ci arzikin shari'ata, wallahi, akwai wadda duk abayoyinta daga tafiyar da na fasa suka fito. Bana dai kayan nan sai sun ga Gumel.

Sharaɗi ɗaya aka sa mini, kuma ba wani abu ba ne. Kada in je wurin mai ƙara. Kada in kira shi, kada in aika masa da kowa, kada in taka ƙofar gidansa. In na karya, odar ta faɗi, su kama abinsu. Shi ke nan fa. Wa yake marmarin zuwa gidan wanda ya kai shi ƙara? Ni lafiyata ƙalau…

Sai dai mai ƙarar ɗanki ne.

Abduljalil. Ɗanki tilo, wanda muka sha ruwan randa ɗaya da shi, katanga ɗaya ta raba gidanku da namu. Wai na sace masa uwa. Haka ya shigar: na haɗa baki da ke tun kina gida, na janye ki daga ayarin Umra, na ɓoye ki a Jidda, na hana shi ke har kika mutu. Sace ki? Ke? Ke da likita ma bai iya sa ki haɗiye ƙwayar magani ba sai ya rantse miki ba ɗaci? Duk wanda ya sace ki ai da kansa zai dawo da ke, ya haɗa da ban-haƙuri.

Ƙwanƙwasa ƙofa, bayan ƙaramar Sallah, rana tsaka… na buɗe, ga ki. Jakar bakko a ka, buta a hannu, mai tasi a ƙasa yana ta danna hon yana faɗa da yarensa. Ko gaisawa ba mu gama ba kika ce in matsa ki wuce. Na ce Goggo ayarinku fa? An ce jibi za su tashi. Kika ce su tashi, Allah ya kai su lafiya, ke kam kin zo ke nan. A nan za ki kwanta. Tun kina amarya kike roƙon Allah ya ɗauki ranki a ƙasar nan, ga shi ya kawo ki har bakin ƙofa, kuma don wata biza ta ƙare sai ki juya? Kakanki ma da ƙafa ya zo, bai koma ba, wa ya tambaye shi biza?

Me zan yi? A gaya mini. Ke kika yanke mini cibiya. Ke kika yi wa Inna wankan jegona. In rufe miki ƙofa? In riƙo hannunki in miƙa wa jawazat, masu kamen 'yan ci-rani, in ce ga tsohuwa ta wuce ƙa'ida? Ban yi ba, kuma ko yau aka sake ƙwanƙwasawa buɗewa zan yi. Wannan kam zan faɗa wa alƙali da bakina, ko Safiya ta harare ni.

Miyar… bari in rage wutar. Kuka nake kaɗa wa Lujain, in zuzzuba mata a firiza, kada in juya baya ta koma rayuwa a kan shawarma. 'Yar tawa ke nan, Goggo, wadda kike kira Balarabiyar bogi. Tana can falo tana fama da akwatin, ta zauna a kai, ta tashi, tana mita da Larabci. Ɗazu ta leƙo, wai Ummi akwai rami a gefen shanta, akwatin ke nan, a cika da dabino? Na ce a'a, bar shi. Ta ce na mene ne? Na ce bar shi dai, wani abu zai shiga. Silifa ko… wani abu dai.

Dabinon ajwa na Inna. Turaren wuta na kasuwar Bab Makka, mai kyan, ba wanda ake sayar wa alhazai a gurguje ba. Kwalli. Zobban azurfa na yaran gida — su yaran da na bari suna tatata an ce har da masu goyo yanzu. Man zafi na gwiwa. Jallabiya fara ta liman. Daɗi nake ji, wallahi, irin na jajibirin Sallah. Har waƙa na kama kaina ina yi a kan tukunya, ni da muryata sai a tsakiyar taro.

Mun ji daɗi da ke a ɗakin nan, ko ba mu ji ba? Ke da mukayyif — wai iskar aljanu ce, a kashe. In kashe, zufa ta jiƙe ki sharkaf, ki ce to kunna kaɗan, kaɗan fa. Burodin tamis ɗin Ba'afgane na kan kwana, kin raina shi, wai gurasar da ba ta gama girma ba, amma ranar da ban sayo ba sai an ji dalili. Kika koya wa Lujain tuƙin tuwo da zagi, ita kuma ta koya miki yalla da halas, kika bi kika ishi kowa da su. Yalla, a yi salla. Halas, na ƙoshi. Ranar da na kai ki bakin teku kika tsaya kika daɗe kina kallo, sannan kika ce duk wannan ruwa, ba mai noma ko albasa da shi? In aka ji jiniya a titi ni in ruga in leƙa ta taga, ke ko a jikinki, kina jan carbi kina gyangyaɗi. Juma'ar da Allah ya hore mota mu lallaɓa Makka ta hanyar da direban ya sani, wadda ba a tsayar da mutum a tambayi takarda. Ki zauna ki zuba wa Ka'aba ido, ba addu'a, ba komai, kallo kawai… ban taɓa ganin mutum ya ƙoshi da kallo irin haka ba.

Shi kuwa ɗanki yana ta bugowa. Safe, yamma. Ki dawo, ki dawo. Ejan ɗin da ya kawo ayarinku ya hana shi sakat, an kira shi an yi masa faɗa, gari ya ɗauka wai ya kasa riƙe uwarsa shi ya sa ta gudu. Muryarsa har nan kicin nake jiyo ta daga wayar. Ba ya lallashi, shi bai san wannan ba. A saman bene kika gaya mini, muna shan iska bayan la'asar: Abduljalil bai iya roƙo ba. Tun yana rarrafe, in yana son goyo ba ya miƙa hannu kamar 'ya'yan mutane, sai ya lallaɓo ya cije ki a ƙwauri. Kika ɗage zane kika nuna mini wurin kina dariya, wai har yanzu da tabo. Ni ban ga tabon ba, na dai ce na gani.

Sai ranar nan. Ban san me ya faɗa miki ba, na dai ga kin miƙe zaune, kin ce masa… To in ka ƙara kirana ban yafe maka nonon da ka sha ba. Kika kife wayar a kan katifa.

Ni da ke mun san baki ne. Kafin magariba kin huce, har kina tambayata ko sun yi shuka a gida. Amma shi? Shi da ya ɗauki maganarki tamkar yankan wuƙa? Ɗif. Wayar ta yi shiru. Kullum kina ajiye ta kusa da matashi, kina cewa in duba ko cajin ne ya ƙare. Na ce ki kira shi mana. Kika ce uwa ce ke kiran ɗa? Kai ɗaya gare ku, ke da shi, dutse. Sau ɗaya ta yi ƙara, ranar babbar Sallah da safe, sunansa ɓaro-ɓaro a kai… kafin ki lalubo ta cikin mayafi ta katse. Ya kira, Goggo. Ya kasa daurewa ya kira, sannan ya tuna abin da kika ce zai biyo bayan kiran, ya kashe. Tun daga ranar yake yawo da shi a ka: ya kira, kuma uwarsa ta ce in ya kira…

Kai, bari. Yau ranar farin ciki ce. Ina na ajiye murfin robar nan?

Yadin yana saman wardirof. Can zai zauna. Na sauko da shi ɗazu don in kaɗe ƙura kawai, ba don komai ba.

Guda biyu kika zo da su a ƙasan bakkon, farare, an ninke. Naki da nasa. Yadda ake yi tun kaka da kakanni: mai tafiya Makka ya tafi da likkafaninsa, da na wanda yake ƙauna, a wanke da zamzam, a shanya, a kawo gida a ajiye a ƙasan adaka har ranar. Shi ya je kasuwa ya yanko su da kansa, ya ce miki, ki wanko mini nawa. Yana nufin ki wanko ki dawo. Ke kuma kika ji rabin farko. A baho muka jiƙa su, jarkar zamzam guda muka juye, kina hana ni matsewa da ƙarfi kada albarkar ta tsiyaye. Muka shanya a igiyar saman bene, iskar teku na kaɗa su, matar Bamisiren da ke ƙasanmu ta hau shanya ta gani ta koma da baya tana salati. Muka yi ta dariya har kika ƙware.

Naki ya yi aikinsa. A wurin wankan gawa suka ce suna da nasu, kyauta ne, na ce a'a, da kayanta ta zo. Aka sallace ki a Harami bayan azahar, cikin mutanen da ba su san sunanki ba, sun fi mutanen Gumel yawa har da na ƙauyuka. Abin da kike so ke nan, kin samu. Ni ban taɓa yi miki kukan tausayi ba, kukan kewa nake yi. Maza suka wuce da ke maƙabarta, mu mata muka tsaya. Kabarin ba suna, ba alama, haka ake yi a nan. Ko ya zo yau ba inda zan nuna masa in ce nan ne.

Nasa kuwa…

Hannunki a cikin nawa, ya yi sanyi, ba nauyi. Kika ce in matso. Ki kai masa yadinsa, Mastura, hannu da hannu. Ki zaunar da shi, ki dafa kansa da hannun nan da kike shafa mini mai, ki ce na yafe. Tun ranar na yafe, tun kafin in kife wayar. Na ce Goggo bari in bugo shi yanzu ki faɗa masa da bakinki. Kika girgiza kai. Ba ta waya ba. Waya ce ta ɓata, ba ita za ta gyara ba. Na ce to da safe ma sake magana. Ba ki kai safen ba.

Na buga na gaya masa rasuwar, ya kashe, ya toshe lambata. Bayan arba'in na aika wa liman: a gaya wa Abduljalil akwai saƙon mahaifiyarsa a wurina, na baki da na hannu, an ce sai ido da ido. Ban faɗi ko mene ne ba, ba a ba ni izini ba. Na zauna jiran amsa. Amsar da na samu ke nan: sati bai zagayo ba sai ga 'yan sanda a zauren Inna. Ka ji mutum. Ka yi masa aike na arziki ya rama maka da ƙara.

Shekaranjiya na ɗan taɓa wa Safiya zancen, a fakaice. Na ce Barista, in mutum yana riƙe da ajiyar mai ƙara fa? Ta ce wace irin ajiya, Anti? Na ce likkafaninsa. Sai ta ce, Anti ki rufa mini asiri. Mutum ya kai ki ƙara, ki sauko daga jirgi ki miƙa masa likkafani? Barazanar kisa za a rubuta, alƙalin da ya ba da odar nan da hannunsa zai janye ta kafin la'asar. Na yi dariya har da hawaye. Yarinyar gari guda fa, kakarta ma da nata a ƙasan adaka, ta san abin da yadin yake nufi sarai. Ta ce ita ta sani, takarda ce ba ta sani ba. Ta ce in bari a gama shari'a, in ya so in kai masa har da turmin atamfa.

A gama shari'a. Yaushe? Hutuna zai ƙare ba a gama ɗaga zaman farko ba, ita da kanta ta faɗa. In dawo Jidda, a yi ta ɗagawa, shekara ta bi shekara. Shi kuma an ce hawan jini ya kama shi, ya rame, ya daina zaman majalisa. Sauran ajiya tana iya jira, amma wannan in ta makara me za a yi da ita? A ce an naɗe shi a wani yadin kasuwa, nasa mai zamzam yana saman wardirof ɗina yana shan ƙura, maganar uwarsa kuma tana cikin bakina…

A'a. Mastura, nutsu. Yi lissafi irin na masu hankali. In na taka gidan nan odar ta tashi. A kama ni, a riƙe fasfo. Bizar fita-da-dawowa tana da ranarta, ba ta san uzuri ba, in ta wuce iƙamata, takardar zamana a ƙasar nan, ta mutu. Ta Lujain kuma a jikin tawa take rataye. Yarinyar da ba ta san wata ƙasa ba sai wannan, a nan aka haife ta, a nan ubanta yake kwance a kabari, Hausarta kamar mai tauna ƙanƙara. In jefa ta a ina? Kuma Inna — in je ganin Inna in ƙare a bayan kanta, makauniya ta koma aiko mini da tuwo? Ke ma ba za ki so haka ba, Goggo. Ko za ki so? Ke fa ba a shaidar ki.

To magana ta ƙare. Yana nan a sama. In na dawo na same shi.

Miyar ta yi. Ɗanɗana… gishiri daidai, daddawar nan ta mutanen Maraɗi ba ta da ta biyu. Alhamdu lillahi. Dubi rayuwata dai: ɗakina, 'yata, aikina, matar da nake wa girki ta rungume ni jiya har da ba ni turare in kai wa uwata. Ga oda daga kotu da sunana a kai, an turo mini hotonta a waya, Lujain ta buga mini ita a takarda har kwafi biyu. Wa ya kai ni? Gobe in sauka Kano in wuce 'yan sanda da kaina a sama, in wani mai kaki ya matso in zaro ta in ce karanta, ɗana. Mota ta ɗauke ni, mu bi ta gonaki, in ga gero ya yi kai. Mu shiga gari, mu karya ta bakin masallaci, mu shiga lungunmu… gidanku ne farko. Dole ta gabansa za a wuce, lungun ba shi da wata hanya. Dakalin nan da kike zama kina tsinke zogale. In kau da kai? To, in kau da kai. Wuya ai nawa ne.

Sannan mata su cika gida, sannu da zuwa, sannu da hanya. A sha ruwa, a buɗe tsaraba. Can wata ta ce, kin shiga kin yi gaisuwar Mairo kuwa? Ba ma sai wata ba. Inna. Kafin ta gama shafa fuskata za ta tambaya, na san ta. Ƙawarta ta shekara da shekaru ta rasu a hannuna, ni na rufe mata ido, ni na zuba mata ruwa, in shigo gari in kwana katanga ɗaya da gidanta ban shiga na ce ya haƙuri ba? A Gumel? Ko maƙiyinka aka yi wa rasuwa kana cire takalmi ka shiga, ka zauna, a yi addu'a, in ya so gobe ku ci gaba da gabarku. In ce mata me? Inna, alƙali ya hana? Za ta ce alƙalin ba a taɓa yi masa mutuwa ba?

Kuma da asuba zan ji shi. Katangar ba ta da tsawo, ta nan kuke miƙa wa juna garwashi ke da Inna. Zan ji ƙarar butarsa, in ji tarinsa, in ji ya ja ƙofa ya tafi masallaci. Kullum, har hutun ya ƙare. Ni a nan da maganar, shi a can da…

Me ma suke cewa in sun zo? 'Yan sandan. Ƙanwata ta sha ba ni labari, har tana kwaikwayon su. Ba sa bincike, ba sa ɗaga murya. Su yi sallama, su gaida Inna, wani lokaci har ta sa a ba su fura. Tambaya ɗaya ce kullum: yaushe Mastura za ta dawo? Shi ke nan. Duk shekara, daidai lokacin da gari ya ji ina shirin zuwa. Yaushe za ta dawo. Shi kuma yana tsaye a bakin lungu, an ce, hannu a baya, ba ya shigowa, yana jiran su fito ya ji abin da aka…

Yana jiran ya ji.

Tsaya.

Ban yi masa aike ba sai bayan arba'in. Kwana arba'in yana da damar kai ni ƙara, bai kai ba. Shekarun da kike ɗakin nan da ranki, ya san inda kike, bai kai ba. Sai da liman ya ce masa akwai saƙo, sai ido da ido… sati bai zagayo ba. Ba zai iya bugowa ba — waya? Shi da waya, bayan abin da ta yi masa? Ba zai iya aikowa ya ce don Allah Mastura ki zo ki gaya mini abin da uwata ta ce ba. Bakinsa bai san hanyar wannan maganar ba. To wa zai aika ya kawo masa ni? Wa ake aikawa ya kawo mutum ko yana so ko ba ya so?

Goggo… cizon ne.

Ƙwaurina ya kama ya ciza, shekara da shekaru, ni kuma ina ta janye ƙafa. Duk zuwan da suka yi sai in kwance kaya in fasa tafiya. Shi yana turo su don in zo, ni ina ganin su in ƙi zuwa. Yanzu kuma na je na samo takarda mai hatimi, ina ta murna da ita tun shekaranjiya, har waƙa nake — takardar da ta ce in zo har bayan katangarsa, in zauna, kada in ce masa komai.

Ko kuwa ni ce nake ƙawata abin? Wataƙila so yake kawai ya ga an rufe ni. Wataƙila in shiga da yadin ya kira su tun ban zauna ba, ya ce ga ta nan, ga shaida a hannunta. Zai iya. Ɗanki ne, zai iya yin duka biyun a rana ɗaya, ya sa a kama ni yana kuka. Ni kuma ba ni da wata odar bayan wannan.

An fara kiran magariba a masallacin kan kwana. Ban yi alwala ba, ban zuba miyar ba… yaushe na zauna a bakin gadon nan? Yaushe kuma na sake sauko da shi? Ga shi a cinyata, fari, ninkinki ne har yanzu, ban taɓa warware shi ba. Ba ya ƙanshin komai. Ina ta shafa shi da hannun nan, na daman.

Lujain ta jawo akwatin har bakin ƙofa, ta durƙusa a kai, zif ɗin a hannunta. Ummi, halas? In rufe?

Ramin yana nan a gefe, tsakanin dabinon Inna da jallabiyar liman. Ban gwada ba, ba sai na gwada ba… daidai shi na bari, Goggo, tun da safe.